Kogin Dilimi Da Rigimar Asali: Wane Ne Ɗan Jos?

Daga Wakilinmu na Arewa, Jos

Duk wanda ya taɓa zama a Jos ya san Dilimi. Sunan kogi ne, sunan titi ne, kuma sunan unguwa ne, inda masu sayar da kayan gyaran mota da maƙera da 'yan gwangwan suke hada-hada tun daga safe har faɗuwar rana. Da rani kogin ba ya cika ido, a wasu wurare ma yaro sai ya tsallake shi. Amma wannan ɗan ruwa da mutum zai raina shi ne yake gangarawa ƙasar Bauchi, a can a sake masa suna Bunga, gaba kaɗan a kira shi kogin Jama'are, har ya je ya gamu da kogin Haɗeja su zama Komadugu Yobe, su nufi Tafkin Chadi. A cikin yashinsa kuma aka ga abin da ya haifi birnin Jos, watau kuza.

Abin da ya sa muka kawo muku labarin Dilimi a wannan mako, 'yan'uwa mazauna Ikko da Badun da Shagamu da Anacha da Fatakwal, shi ne akwai wata tambaya da ta haɗa ku da mutanen bakin wannan kogi. Ga mutum an haife shi a gari, an haifi ubansa a nan, kakansa ma a nan aka binne shi, amma ran da ya je neman takardar shaidar asali don ɗansa ya shiga makaranta ko aikin soja, sai a ce masa ya koma garinsu ya karɓo. To, ina ne garin nasu? A Jos wannan tambaya ta ci rayuka dubbai. Saboda haka ya kamata mu san yadda aka faro, mu ji hujjar kowane ɓangare, sa'an nan mu leƙa wata ƙasa a Turai inda aka yi irin wannan rigima, mu ga yadda suka ƙare.

Mutanen Kan Dutse

Jos tana kan tudu mai tsayin kamar ƙafa 4,000 daga teku, duwatsun Shere da ke gabas da ita kuwa sun kai wajen ƙafa 6,000. Shi ya sa sanyinta ya zama abin labari a duk Nijeriya. Tun kafin Bature ya san da wurin akwai masu zama a kan wannan tudu. Akwai Birom, waɗanda su da bakinsu suke cewa Berom. Akwai Anaguta, waɗanda Hausawa suka san su da Naraguta. Akwai Afizere, waɗanda muke kira Jarawa. Ga kuma maƙwabtansu irin su Irigwe da Rukuba da Buji. Kowace ƙabila da harshenta, da wuraren tsafinta na gargajiya, da iyakar gonakinta. Manoman acca ne, suna kewaye gidajensu da shingen ƙerana wanda ko doki ba ya iya ratsawa, suna kuma hawan ƙananan dawaki ba sirdi in za su farauta ko yaƙi.

A ƙarni na 19, bayan jihadi, rundunonin Bauchi da na Zazzau sun sha tunkarar tudun nan. Wasu garuruwa na gindin dutse sun ƙulla amana da Bauchi suna kai gaisuwa don a bar su lafiya, fatake kuma suna shiga suna fita, amma tsakiyar tudun ba ta taɓa shiga hannun wani sarki na Daular Sakkwato ba. Wannan magana tana da nauyi ƙwarai a zukatan mutanen wurin har gobe. Duk wanda bai san ta ba, ba zai gane abin da ya sa batun sarauta yake tayar musu da hankali ba.

Ko sunan garin ma ba a daidaita a kansa ba. Afizere sun ce daga sunan ƙauyensu Gwash ne, bakin baƙi ya juya shi ya koma Jos. Birom sun ce daga kalmarsu ce Jot, watau idon ruwa. Kowa kuwa ya san abin da ake nema da wannan gardama, don mai suna shi ne mai gari.

Kuza Ta Tara Jama'a

Ba Turawa ne suka fara sanin kuza a ƙasar nan ba. Maƙeran Ririwai ta ƙasar Kano da na Ririwan Dalma ta ƙasar Bauchi sun daɗe suna wanke ta a rafuka, su narka ta, su zuba ta sirara kamar tsinke, fatake su kai kasuwanni masu nisa. Irin waɗannan tsinkaye ne suka faɗa hannun ma'aikatan Kamfanin Neja a bakin Binuwai, suka shiga neman inda ake samo su. A cikin 1902 kamfanin ya aiko wani Bature mai suna George Nicolaus, ya bi sawu har kogin Dilimi, ya ga kuza kwance cikin yashi. A shekarar da ta biyo baya wani injiniya, Henry Laws, wanda daga baya aka san shi da Kanar Laws, ya zo ya ci gaba da aikin, har ya kafa sansani a Naraguta. Shigar ba ta lalama ba ce. Da sojoji da bindiga mai ruwa aka buɗe tudun, an kuma ƙone ƙauyukan da suka yi tsayayya.

Da aiki ya kankama sai aka rasa ma'aikata, domin mutanen wurin manoma ne, ba su ga dalilin barin gonakinsu su ɗauki kwanon ƙasa don kuɗin Bature ba, sai daga baya da haraji ya matsa. Saboda haka aka buɗe ƙofa ga lebura daga Kano da Katsina da Zazzau da Bauchi da Barno da Sakkwato, har da ƙasar Faransi. Daga Kudu kuma akawuna da kafintoci da direbobi da 'yan kasuwa suka hauro: Yarbawa, da Ibo, da Urhobo, har da mutanen Gana da Saliyo. Ƙaramin jirgin ƙasa daga Zariya ya iso Jos a 1914, a 1915 aka shata garin bisa doka, a 1926 aka yanke Lardin Filato, a 1927 kuma babban layin dogo ya iso ta Kafanchan. Barikokin haƙar kuza suka zama garuruwa, irin su Bukuru, da Barikin Ladi, da Bisichi, da Gindin Akwati, da Dorowa Babuje. Sunayen kansu sun isa su gaya maka harshen da ake yi a bakin ramin.

Ba kuma kowa ne ya zo don ransa ya so ba. Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, da Japan ta ƙwace Malaya a 1942, Ingila ta rasa inda ta fi samun kuza, sai ta juyo kan Jos. Daga 1942 zuwa 1944 aka yi abin da tsofaffi ke kira ɗiban gwamna, watau a sa wa kowace En'e adadin mazan da za ta kawo aikin tilas. An kwashi dubban talakawa daga ƙasashe masu zafi aka zuba su cikin sanyin dutse ba bargo ba isasshen abinci, da yawa suka mutu a can. A 1943 kuzar da aka haƙa ta wuce tan 17,000, ba a kuma taɓa kai haka ba. Cikin Hausawan Jos na yau akwai jikokin waɗanda suka zo neman arziki, akwai kuma jikokin waɗanda aka kawo a dole.

Su ma masu gonaki sun biya nasu farashin. Dokar Turawa ta sa ƙasa da abin da ke cikinta a hannun Gwamna, kamfanoni suka yi ta karɓar filaye suna ba da diyyar da ba ta taka kara ta karya ba. Injuna suka birkice gonakin acca, suka bar tsibin jar ƙasa da ɗaruruwan kududdufai masu zurfi, waɗanda har yanzu suke cin mutane da dabbobi. Ribar ta tafi London. Wannan ɓacin rai na ƙasa ne ya sa 'yan bokon Birom suka kafa ƙungiyarsu ta ci gaba a 1945. Ashe tun farko lebura da mai gona duk abu guda ne ya cuce su, amma da Bature ya tafi sai suka juya suna kallon juna.

Su Wane Ne Jasawa?

Da garin ya kafu, Turawa sun bar sha'anin unguwannin baƙaƙen fata a hannun shugabanni Hausawa. Hausawan Jos suna lissafa sarakunansu fiye da goma, tun daga Bunu da Barde har zuwa ƙarshen shekarun 1940, suna cewa da sunan Sarkin Jos aka naɗa su. Birom da Anaguta da Afizere kuwa sun ce waɗannan sarakunan Hausawa ne kawai, masu kula da baƙin da suka zo aikin kuza, ba su da iko da ƙasa. A 1947 Turawa suka naɗa Rwang Pam, wani malamin makaranta, ya zama Sarkin Birom, daga baya aka ɗora shi bisa Jos duka. Wannan ita ce sarautar Gbong Gwom Jos, wadda Fom Bot ya gada a 1969, bayansa Victor Pam, sa'an nan Jacob Gyang Buba a 2009.

Wanda ya duba sunayen mazaɓun Jos ta Arewa zai ga tarihin garin a rubuce. Ga Ali Kazaure, da Garba Daho, da Ibrahim Katsina, da Abba Na Shehu, da Sarkin Arab, da Gangare. Ga Naraguta da Jos Jarawa da Kabong. Ga kuma Vanderpuye, wanda sunan mutanen Gana ne. Babu wanda zai iya goge ɗaya daga cikin waɗannan ya ce ya faɗi labarin Jos daidai.

Jikokin waɗancan lebura da fatake da malamai su ne suke kiran kansu Jasawa, watau mutanen Jos, kamar yadda ake cewa Kanawa ko Katsinawa. Ba duka ne Hausawa a jini ba, akwai Fulani da Barebari da Nufawa da sauransu, waɗanda Musulunci da harshen Hausa da zaman wuri guda suka narke su. Suna da abin nunawa. Marigayi Ɗanmaraya Jos, mai kuntigi, a Bukuru aka haife shi a 1946, ya kai sunan garin ƙasashen duniya kafin rasuwarsa a 2015. A Jos ne Shehu Isma'ila Idris ya kafa ƙungiyar Izala a 1978. Masu sha'awar ƙwallo ba su manta da Mighty Jets ba, wadda ta ci gasar lig ta ƙasa ta farko a 1972, da 'yan wasa irin su Isma'ila Mabo da Sam Garba Okoye. Ku dubi wannan suna na ƙarshe da kyau, domin Jos ta wancan zamani ke nan a dunƙule. A 1987 aka kafa Ƙungiyar Ci Gaban Jasawa don neman haƙƙinsu.

Akwai kuma wani abu da ya kamata mu Hausawa mu lura da shi. A Filato harshenmu ya zama na kowa. Da shi ake ciniki a kasuwa, da shi ake wa'azi a coci da yawa, tun da aka buga Littafi Mai Tsarki da Hausa a 1932. Yau sai ka sami yaron Birom ko na Anaguta a cikin gari wanda Hausa ta fi zama a bakinsa bisa harshen kakarsa. Mu muna ganin wannan abin alfahari ne. Dattijon Anaguta kuwa, wanda mutanensa ba su da yawa, abin da yake gani shi ne gonar ta tafi, harshen yana tafiya, saura sarauta da kujerar mulki. Tsoron kada a haɗiye shi ne yake sa shi riƙe takardar asali da hannu biyu.

Takardar Da Ta Zama Abinci

Muddin kuza tana da daraja, kowa yana samun na tuwo, rigimar tana kwance. Amma daga shekarun 1970 man fetur ya danne komai, ramukan suka fara ƙarewa, a 1985 kuma kasuwar kuza ta duniya ta rushe. Kamfanoni suka nannaɗe tabarma. Abin da ya rage shi ne aikin gwamnati, da gurbin makaranta, da tallafin karatu, da muƙamin siyasa, su kuwa duk ta ƙofa guda ake shiga, ƙofar takardar asali.

Tsarin mulkin 1979 ne ya shigo da ka'idar raba daidai tsakanin jihohi, da kyakkyawar niyya, don kada wani sashe ya cinye komai. Na 1999 ya riƙe ta. Sashe na 147 ya ce a naɗa minista daga kowace jiha, kuma ya zama ɗan asalinta. Sashe na 42 kuwa ya hana a nuna wa ɗan Nijeriya bambanci saboda ƙabilarsa ko inda ya fito ko addininsa. Amma ba a fayyace shekara nawa mutum zai yi a wuri ya zama ɗan asali ba, aka bar abin a hannun shugabannin ƙananan hukumomi. Wanda ya riƙe kujerar, shi ke riƙe da hatimin.

Shi ya sa da gwamnatin Janar Babangida ta raba ƙaramar hukumar Jos a 1991, ta fid da Jos ta Arewa inda Jasawa suke da yawa, kowane ɓangare ya gane abin da ke ciki. Ran 12 ga Afrilu 1994 aka yi tarzoma kan naɗa Alhaji Aminu Mato shugaban riƙo na ƙaramar hukumar. Ran Juma'a 7 ga Satumba 2001 aka yi wadda ta fi ta muni, bayan an yi makonni ana cacar baki kan wani muƙami na shirin rage talauci da aka bai wa Bajashe. Cikin kwana shida an kashe mutum wajen 1,000, bisa ƙiyasin ƙungiyar kare haƙƙin ɗan Adam ta Human Rights Watch. Rahotonta ya ambaci wani ƙauye a bayan gari, shi ma sunansa Dilimi, mai yawan Musulmi, wanda aka kusa share shi duka. A unguwannin da Musulmi suka fi yawa kuma Kirista ne suka ɗanɗana, aka kashe su aka ƙone gidajensu da coci-cocinsu. A watan Fabrairu 2002 gobara ta cinye babbar kasuwar Taminus, inda kowa da kowa yake haɗuwa. A Nuwamba 2008 zaɓen ƙaramar hukuma ya jawo mutuwar ɗaruruwa. A Janairu 2010 aka yi wa Musulmi kisan gilla a Kuru Karama, a Maris na shekarar aka yi wa Birom irinsa a Dogo Nahawa, akasarinsu mata da yara. Babu ɓangaren da bai yi kuka ba, babu kuma wanda hannun 'ya'yansa bai taɓa jini ba.

An kafa kwamitocin bincike, na Mai Shari'a Fiberesima, da na Mai Shari'a Niki Tobi, da na Bola Ajibola, an kuma yi babban taron zaman lafiya na jiha a 2004. Matsayin da aka yi ta maimaitawa shi ne Birom da Anaguta da Afizere su ne 'yan asalin Jos, sauran jama'a 'yan ƙasa ne masu haƙƙin zama. Jasawa ba su amince ba. Garin kuma ya rabu, Musulmi suka tattara a su Gangare da Dilimi da Unguwar Rogo da Rikkos, Kirista a su Kabong da Jenta Adamu da Unguwar Rukuba. An haifi yara sun girma ba su taɓa zama aji ɗaya da wanda ba addininsu guda ba.

Labarin Baskawa

To, bari mu tsallaka teku. A kan iyakar Sifen da Faransa, inda duwatsun Firenis suka gangaro bakin Tekun Atlantika, akwai wata al'umma da ake kira Bask. Ƙasarsu larduna bakwai ce, huɗu a Sifen uku a Faransa, mazaunanta kamar miliyan 3. Harshensu, Euskara, ya riga Latin zuwa wurin, masana kuma har yau ba su samo masa ɗan'uwa ba cikin harsunan duniya. A bakinsu, kalmar da suke kiran kansu da ita, Euskaldun, ma'anarta mai harshen Euskara. Su ma mutanen dutse ne masu taurin kai. Ɗaruruwan shekaru suna da dokokinsu na gargajiya, har sarakunan Sifen sukan zo gindin wata bishiya a garin Gernika su yi rantsuwar kiyaye su, sai a 1876 aka soke su bayan yaƙi.

A daidai wannan lokaci kamfanonin Ingila suka faɗa wa duwatsun da ke kusa da birnin Bilbao suna haƙar tama. Lebura suka kwararo daga sauran lardunan Sifen, ba su jin Euskara, birni ya cika ya batse, harshen baƙi ya rinjayi na masu gida. Kun ga kamar a Dilimi aka yi. Sai wani mai suna Sabino Arana ya kafa jam'iyyar kishin Bask a 1895. A ganinsa Bask jini ne, sai wanda sunayen kakanninsa suka nuna asali, baƙin kuwa har sunan raini aka laƙaba musu. Daga nan wahala ta biyo wahala. Ran 26 ga Afrilu 1937 jiragen Jamus masu taimakon Janar Franco suka yi wa Gernika ruwan bama-bamai. Franco ya yi mulki daga 1939 zuwa 1975, ya kori Euskara daga makarantu da ofisoshi. A 1959 wasu samari suka kafa ƙungiyar ETA, wadda ta ɗauki makami don neman ɓallewa, ta kashe mutum fiye da 800 kafin ta ajiye makami a 2011, ta rushe kanta a 2018.

Abin da ya kamata mu duba shi ne dokar cin gashin kai da larduna uku na ɓangaren Sifen suka samu a 1979. Dokar ta yi abu biyu a lokaci guda. Na farko, ta bai wa masu gida abin da suke tsoron rasawa: Euskara ya zama harshen hukuma tare da Sifananci, suka sami majalisarsu, da 'yan sandansu, da ikon karɓar harajinsu. Na biyu, ta ce a wajen haƙƙin siyasa, Bask shi ne duk ɗan ƙasar da yake da rajistar zama a ɗaya daga garuruwan yankin. Ba a tambayar kabarin kaka. Yau yawancin yaran yankin da Euskara ake koya musu karatu, har da jikokin lebura, masu jin harshen kuma sun ƙaru maimakon raguwa. A 2024 jam'iyyar nan da Arana ya kafa ta tsayar da Imanol Pradales, wanda kakanninsa daga wajen ƙasar Bask suka zo, ya zama shugaban gwamnatin yankin.

Masu kallon ƙwallo sun san kulob ɗin Athletic Bilbao, wanda fiye da shekara 100 ba ya sa ɗan wasa sai wanda aka haifa ko ya tashi a ƙasar Bask. Cikin waɗanda suka ci masa Kofin Sarki a 2024 akwai Iñaki Williams da ƙanensa Nico, 'ya'yan wasu mutanen Gana da suka ratsa Sahara suka shiga Sifen. An haifi Iñaki a Bilbao a 1994, Nico a Pamplona a 2002. Babu wanda ya ce su je Gana su karɓo takarda.

Ba mu ce Jos da Bilbao ɗaya suke ba. Su can masu gida da baƙi addininsu guda, ga arziki, ga aikin yi. A nan kuwa addini ya shiga cikin maganar, talauci kuma yana hura wutar. Amma darasin yana nan: an raba abin da yake na gado da abin da yake na ɗan ƙasa. Harshe da al'ada da sarautar gargajiya na masu su ne, hukuma ta taimaka a raya su. Makaranta da aiki da ƙuri'a da tsayawa zaɓe kuwa na duk wanda ya zauna ya biya haraji ne. Da mai gida ya tabbata ba za a shafe shi ba, sai hannunsa ya saki.

Abin Da Ya Shafe Mu

Hausawa sun ce in ka ga gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa. An kafa Sabo ta Badun tun 1916, kusan sa'ar Jos ce. A Agege da Shagamu akwai gidajen Hausawa da suka haura shekara 100. Ba mu manta da abin da ya faru a Shagamu a 1999 ba, da Idi-Araba a 2002, da Ile-Ife a 2017, da kasuwar Shasha a 2021. Yaron da aka haifa a Sabo, Yarbanci a bakinsa kamar ruwa, in ya nemi takarda a nan a ce masa baƙo ne, in ya je garin kakansa a tambaye shi gidan wa ya fito. A 2025 an kawo ƙuduri a Majalisar Wakilai don wanda ya daɗe a jiha ya sami matsayin ɗan asali, aka yi ta ce-ce-ku-ce daga Kudu da Arewa, har mai ƙudurin ya janye shi. Maganar dai tana nan ba ta mutu ba.

Amma laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani. Sabon Garin Kano ma ya haura shekara 100, akwai kuma Ibo da Yarbawa da mutanen Filato da aka haifi iyayensu a can, a Zariya, a Gusau, a Funtuwa. Abin da muke roƙa wa Bajashe a Jos da ɗan Sabo a Badun, sai mu yarda a bai wa waɗannan a garuruwanmu. In ba haka ba, hujjarmu ba ta da ƙafa.

Kafin doka ta gyaru, akwai abin da ke hannunmu. A yi wa kowane yaro takardar haihuwa a inda aka haife shi, a adana rasit na haraji da takardun gida da na rumfa. A yi rajistar zaɓe a inda ake zaune, a shiga ƙungiyoyin unguwa da na kasuwa tare da masu gari. A sa yara makaranta, a bar su su iya harshen wurin, don wanda ya gaishe ka da harshenka ya rage maka tsoronsa. A girmama sarakunan gari da bukukuwansu, sarakunan Hausawa kuma su tsaya a matsayinsu na masu haɗa jama'a da hukuma. In ɗan siyasa ya zo da maganar mu da su ana gab da zaɓe, a tuna masa da Jos, a tambaye shi ko 'ya'yansa a unguwar suke kwana.

Kuzar da ta tara mutane a bakin Dilimi ta ja baya, kamfanonin da suka kwashe ta sun daɗe da tafiya. Waɗanda suka rage su ne jikokin mai gona da jikokin lebura, babu kuma wanda zai tashi ya bar wa wani. Allah ya ba shugabanninmu ikon yin adalci, ya jiƙan waɗanda suka rasu ta kowane ɓangare, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.